Tambaya ta Goma Sha Bakwai

"Ka cuce mu, Baba! Wallahi ka cuce mu!"

Mai Ɗinki ko sallama ba ta yi ba. Ta banke labulen ɗakin dattijon maƙwabcinta, tef ɗin awo na rataye a wuyanta, 'yarta Auta na biye da ita ido jawur. Tsohon yana zaune bakin gado ya jingina da filo biyu, don kwanakin nan idan ya kwanta sosai numfashi gagararsa yake. Ya ɗago ya dube ta ta saman gilashinsa.

"Zauna tukuna, 'yata. Me na ci?"

"Ba zan zauna ba! Maki sittin ake nema, Auta ta samu hamsin da takwas. Yanzu muka dawo daga makaranta, sun nuna mana takardarta. Tambaya ta goma sha bakwai, maki uku, an zabga mata jan biro tun daga sama har ƙasa. Yaran duniya kowa ya rubuta biyu ya wuce, ita kuma 'yar gidanka ta rubuta wai babu amsa. Babu amsa! A jarrabawa! Wa ya koya mata wannan tsaurin ido in ba kai ba?"

Duk gidan hayar, mai ɗakuna takwas a jere da famfo ɗaya a tsakiya, Mai Alli ake kiransa. Shekara talatin da biyar ya yi yana koyar da lissafi kafin ya yi ritaya, kuma har yanzu ba a raba aljihunsa da guntun alli. Da hannunsa ya shafa baƙin fenti a bangon baranda, tsakanin ƙofarsa da ta Mai Ɗinki, ya mai da wurin allo, mai gidan haya ya yi ta masifa har ya gaji. A gaban wannan allo Auta ta yi shekara biyu tana shirin jarrabawar shiga makarantar kimiyya, makarantar da uwarta ke mafarkinta tun yarinyar na goye.

"Auta, zo ki rubuta min ita yadda ta zo," in ji shi.

Ya dafa kafaɗarta suka fito baranda. Yarinyar ta ɗauki alli ta rubuta:

3(x + 2) = 3x + 8

"To, me kika yi?"

"Na buɗe baka, Baba. Hagu ya zama 3x da shida. Na cire 3x nan, na cire can. Sai ya rage shida daidai da takwas."

"Shida daidai take da takwas?"

"A'a."

"To me za a sa a wurin x ta gyara wannan?"

"Babu."

Tsohon ya yi murmushi irin wanda ya daɗe bai yi ba, har tari ya sarƙe shi. Mai Ɗinki ta ji kamar ta kama allon ta karya, da a ce ba bango ba ne.

"Dariya ma kake yi?"

"Kawo min gwangwanin maɓallanki, da ƙyallaye shida."

Ta kawo, don dai ta ga ƙarshen rainin hankali. Ya sa ta ƙulle maɓallai a kowane ƙyalle, ko nawa ta ga dama, sharaɗin kawai su zama daidai wa daida. Ta zuba biyar biyar. Ya jera ƙulli uku a hagu, ya ɗora maɓalli biyu a kan kowanne. Ya jera ƙulli uku a dama, ya zube takwas a gefensu.

"Ƙirga."

Ashirin da ɗaya a hagu, ashirin da uku a dama. Ta kwance ta zuba biyu biyu, irin amsar da aka rubuta da jan biro. Sha biyu da sha huɗu. Ta sake da goma goma, yanzu kam ba don shi ba, don kanta. Talatin da shida, talatin da takwas. Duk yadda ta juya, dama ta fi hagu da maɓalli biyu, kamar rigar da aka yanka hannunta ɗaya ya fi ɗaya tsawo: ko wa ya sa ta, haka za ta zauna.

Ta daɗe a durƙushe. Fushin da ta shigo da shi bai tafi ba, juyawa kawai ya yi ya fuskanci wani wajen.

"Ke nan su ne ba su iya ba."

"Kuskure ne na mai buga takarda. 2x suka so su sa a dama, da amsa ta fito biyu cif. Yatsa ya zame aka buga uku. Yara kuma suka ga takwas da shida, suka ɗebe, suka samu biyu, ta dace da abin da ke hannun mai maki. Gobe mu je ofis, magana ce ta minti biyar."

Minti biyar! Allah sarki, tsohon nan ya yi shekara saba'in a duniya yana zaton wanda aka nuna wa gaskiya godiya zai yi.

Ofishin jarrabawa yana hawa na biyu, matakala ashirin da huɗu. Mai Ɗinki ta ƙirga su, don a kowace shida sai sun tsaya ya dafa bango, leɓɓansa sun yi toka-toka. Ya sa rigarsa mai ruwan ƙasa wadda ita ta sake wa wuya bara, ya goge takalmansa. Suka yi awa biyu a kan benci tare da sauran iyaye kafin a kira su.

Shugaban sashen mutum ne mai ƙiba da tattausar murya, da fanka a gefensa tana kaɗa takardun da ya danne da kofin shayi. Bai ce su zauna ba. Mai Alli ya miƙa takardar da ya rubuta da kyakkyawan rubutunsa, ya fara bayani. Shugaban bai ko sauke ido kanta ba.

"Baba, yara dubu huɗu suka rubuta jarrabawar nan. Kusan duk wanda ya taɓa tambayar biyu ya samu. Su duka ba su da kai, sai jikarka?"

"Ba jikata ba ce, maƙwabciyata ce. Ranka ya daɗe, sa biyun a ciki ka gani. Sha biyu ne da sha huɗu."

"Kwamiti ne ya tsara amsoshi. An sa hannu a jerin sunaye." Ya jawo aljihun tebur ya fito da fom biyu. "Ga hanya biyu. Wannan na ƙorafi ne, sai malamin lissafi ya sa hannu."

"Ni malamin lissafi ne."

"Mai ci, Baba. Wanda ke bakin aiki. Kai ai ka huta." Ya yi 'yar dariya. "Wannan kuma na neman sassauci ne. Yarinya ta sa hannu ta amince da makinta, a sa ta a jerin jira. Wani lokaci wasu ba sa zuwa. Ranar Alhamis ta sama ake rufewa. Na gaba!"

A kan matakala Mai Ɗinki ta kasa riƙe bakinta.

"Wai ka huta! Lissafin ma ritaya yake yi? Mutumin da ko a ɗalibanka ba zai zauna a bencin gaba ba!"

"A bencin baya ma akwai mutanen kirki," in ji tsohon, ya zauna a kan matakala yana neman iska. Ta ga yadda ya ninke takardarsa gida huɗu ya mayar aljihu a hankali, sai ta kau da kai.

Washegari ta je wurin malamin lissafin su Auta, saurayi mai fara'a wanda ta taɓa rage wa tsawon wando. Ya karanta tambayar, ya sosa ƙeya, ya rufe ƙofar ɗakin malamai.

"Mama, gaskiya Auta ce daidai. Amma yarana goma sha ɗaya sun haye da makin nan. In aka taɓa tambayar, wasu za su faɗo. Ki ce in sa hannu in kayar da su? Kuma ni sabo ne, ko shekara biyu ban yi ba."

Ta je makarantu uku a kwana huɗu. Kowa ya ce yarinya ta yi daidai, kowa ya ce ba shi da biro a kusa. Ɗinkin mutane ya taru a kan tabarma, masu kaya suna zuwa suna komawa.

Tun ranar matakalar nan Mai Alli bai sake fitowa baranda ba. Ƙafafunsa suka kumbura har silifa ta daina shiga. A asibiti aka ce zuciya ce ta gaji, aka ƙara masa ƙwayoyi, aka ce ya guji hawa da ɓacin rai. 'Yarsa tilo, wadda ke aure a nesa, ta yi waya tana kuka ta ce tana nan tafe ƙarshen mako. Bangon da ya raba ɗakinsa da na Mai Ɗinki siriri ne, don haka ta saba da wani abu ba tare da ta yi niyya ba: ta taka keken ɗinki ta kai ƙarshen layi, ta ɗaga ƙafa, ta saurara. In ta ji tari, ta ci gaba.

Ranar Litinin da hantsi ya aika Auta ta kira ta. Fom ɗin sassauci na kan cinyarsa, da biro a kai.

"Ta sa hannu, 'yata."

"Baba!"

"Ki ji ni. Na kwana biyu ina tunani. Ni na koya mata ta rubuta abin da ta gani, ban koya mata cewa wani lokaci ana biyan tara a kan haka ba. Ni na riga na ci zamanina. Ita shekararta goma sha biyu. Kada taurin kaina ya cinye mata makaranta."

Abin da ta shigo tana nema ke nan ranar farko, ga shi ya miƙo mata da hannunsa, amma sai ta ji ƙirjinta ya yi zafi kamar an ɗora mata dutsen guga.

Auta ce ta yi magana, a hankali, tana kallon ƙasa.

"Baba, in na sa hannu, na ce ban iya ba ke nan?"

Tsohon ya buɗe baki, ya rufe. Shekara talatin da biyar yara na yi masa tambaya, Mai Ɗinki ta tabbata wannan ce ta farko da ya kasa amsawa. Ya cire gilashinsa ya shiga goge shi da gefen zanen gado, ya goge, ya sake gogewa.

"Bar fom ɗin nan," in ji Mai Ɗinki, ta zare shi daga cinyarsa. "Akwai sauran kwana uku. Kai dai sha maganinka, ka daina mana shari'a daga kan gado."

"To, alƙaliya," ya ce, har da 'yar dariya.

Ranar Talata, wajen ƙarfe sha ɗaya na safe, tana haɗa hannun wata riga shuɗiya. Rana ta cika tsakar gida, wata maƙwabciya na wanki a bakin famfo, rediyon wani na magana. Ta kai ƙarshen layi, ta ɗaga ƙafa. Shiru. Ta ce barci ne. Ta taka wani layin, ta ɗaga ƙafa. Shiru. Ta taka na uku, a karkace, abin da ba ta yi ba tun tana koyo, sannan ta tashi.

Yana zaune yadda ta bar shi, jingine da filo biyun, kansa ya ɗan karkata wajen taga. Shayin da ta kawo masa ya yi sanyi, bai taɓa ba. Gilashin na hannunsa. Fuskarsa ta yi fayau, kamar ta malamin da ya ba aji aiki yana jira su gama.

"Baba," ta ce. "Baba, shayinka."

Ta san ba zai amsa ba. Ta dai faɗa ne don a ce wani ya yi masa magana.

Kafin yamma an kai shi makwancinsa. Mutane suka cika baranda, har da tsofaffin ɗalibansa masu furfura da motoci, kowa na cewa ba a yi malami kamarsa ba. Mai Ɗinki tana jin su tana cizon leɓe. Ina kuke ranar da ya zauna a kan matakala? Ba ta faɗa ba. Ta shiga ɗakinta, ta ɗauko ragowar shuɗin yadin, ta ɗinka ƙananan jakunkuna shida masu zariya.

Ranar Alhamis ta hau matakala ashirin da huɗu ba ta tsaya ko sau ɗaya ba. Bencin ya cika da iyaye, don ranar rufewa ce. Da aka kira ta, ta bar ƙofar a wangale, ta ture kofin shayin gefe, ta juye gwangwanin maɓallai a kan teburin shugaban. Takardunsa suka tashi a iskar fanka.

"Ke baiwar Allah, lafiya? Nan ba kasuwa ba ce!"

"Na sani, ranka ya daɗe. A kasuwa ai ana ƙirge." Ta jera jakunkuna uku a hagu da maɓalli biyu a kan kowacce, uku a dama da takwas a gefe. "Ni aji huɗu na tsaya, ban san x ba. Ga jaka. Zuba ko nawa kake so, in dai daidai ne. In hagu ta zo ɗaya da dama, 'yata ta sa hannu yanzu, ni ma in sa, in ba ka haƙuri a gaban mutanen nan."

"Ina tsohon da kuka zo tare?"

"Ya huta. Ba haka ka ce ba? Shekaranjiya ya huta."

Iyayen da ke benci sun riga sun taso sun cika bakin ƙofa. Wani dogon mutum mai kayan aikin gini ya matso ya ce, "Hajiya, kawo in zuba." Ya zuba biyu biyu da manyan yatsunsa masu siminti, ya ƙirga da ƙarfi. Sha biyu. Sha huɗu. Wata mata daga baya ta ce a gwada bakwai. Aka gwada. Ashirin da bakwai, ashirin da tara.

"Af, to wace tambaya ce wannan?" in ji wani. "Ɗana ma maki ɗaya ya rasa."

Shugaban ya miƙe da saurin da ba a zaci jikinsa zai iya ba, ya lallashi mutane suka koma benci, ya rufe ƙofa ya jingina da ita. Muryarsa ta sauka ƙasa.

"Tun kwana na biyu da fara maki muka gani."

Mai Ɗinki ta dube shi. Ta zaci jahilci take yaƙa.

"Kun gani."

"Takardu dubu huɗu, an riga an yi rabi. In aka buɗe maganar, jerin duka zai rushe, ni kuma kujerata ta tafi. Mutum uku kacal suka rubuta abin da 'yarki ta rubuta, sauran biyun sun haye ko ba makin." Ya share gumi. "Akwai gurbi ɗaya a hannuna. Zan sa sunanta yau, ba jerin jira ba, kuma ba sai ta sa hannu a komai ba. Ki kwashe kayanki ki fita ta ƙofar baya."

"Ka san da haka ka bar shi a tsaye? Ka san da haka ka ce masa ya huta?"

Ya ɗauki biro yana jira.

Ta so ta buɗe ƙofar nan ta yi ihu har ginin ya amsa. Ta tuna mutumin da ya ce nasa maki ɗaya ya rasa. Ta tuna yara goma sha ɗayan malamin nan. Ta tuna tsohon da fom a cinya yana cewa ita shekararta goma sha biyu. Ta shiga tsince maɓallan ɗaya bayan ɗaya, ba ta bar masa ko guda ba, ta faɗi sunan 'yarta harafi harafi, ta tsaya har ta ga ya rubuta. Sannan ta fita ta ƙofar baya, tana jin kunyar da ba ta san ta wace ce ba.

Takardar ta zo bayan mako biyu. An ɗauki yarinyar, in ji ta, "bisa sassauci na musamman". Mai Ɗinki ta sa aka karanta mata sau biyu, ta yi tsaki mai tsawo, ta cusa ta ƙarƙashin katifa. Auta kuwa ta je ta tsaya a gaban allon.

A ranar ne mai gidan haya ya turo mai fenti, don an samu wanda zai kama ɗakin. 'Yar marigayin ta riga ta kwashe kaya, ta bar wa Auta littattafai kwali biyu. Mai fentin ya gama ciki, ya fito baranda da bokitinsa, ya ɗaga buroshi.

"Kai, tsaya nan," in ji Mai Ɗinki daga kan keke. "Rabin bangon nan nawa ne."

"Mama, cewa aka yi in shafe duka."

"To shafe rabinsa. Nawa ka bar min."

Ya duba, ya ga ba a raba rubutu gida biyu, ya ɗaga kafaɗa ya zagaye baƙin wurin da farin fenti. Rubutun Auta na nan yadda ta yi shi ranar farko. A ƙasansa akwai layi ɗaya da hannun tsohon, wanda ba wanda ya ga lokacin da ya fito ya rubuta: shida, takwas, da alamar daidai a tsakaninsu an soke ta da karan alli guda.

Da la'asar ta zauna haɗa kayan makarantar, farar riga da siket mai ruwan toka. Ta kwance ɗaya daga jakunkunan shuɗin yadin, ta zaɓi fararen maɓallai ta jera a gefen keke. Ta sa wuyan rigar ƙarƙashin allura, ta taka har ƙarshen layi.

Sannan ta ɗaga ƙafa, ta saurara.